Yaya Zan Soki Talla da Fim Ba Tare da Na Ƙara Tallata Kayan Ba?

Tambaya: Ni ɗaliba ce mai koyon haɗa fim. An ba mu aikin gajeren fim na gwaji, wato irin wanda ke gwada sabon salo maimakon ba da labari yadda aka saba, minti 5, sai na zaɓi in yi nawa a kan yadda tallace-tallace ke cusa wa mutane son saye-saye. Na tara talla kusan 30, na harhaɗa su, na ɗora kiɗa. Amma waɗanda na nuna wa sun ce ya yi kyau kamar talla, wata ma har ta tambaye ni sunan turaren da ta gani a ciki. Ina kuskuren yake, kuma yaya masu wannan fanni suke yi?

Amsa: Malama, wadda ta tambaye ki sunan turaren nan ta yi miki babban taimako, domin ta nuna miki inda ciwon yake. Kin ɗauko hotunan talla, kin bar su da saurinsu, da haskensu, da kiɗan da ke tura su, sannan kika sa ran taruwarsu wuri ɗaya za ta sa mai kallo ya ƙyamace su. Ba ta yin haka. Ƙarfin talla ba a maganar da yake faɗa yake ba, a gininsa yake: tsawon kowace ɗauka (wato guntun hoto daga wannan yanka zuwa na gaba), inda aka yanka, abin da kunne ke ji, da abin da aka ajiye wa ƙarshe. Muddin ginin nan yana tsaye, hoton zai ci gaba da sayar da kaya ko da a cikin fim ɗinki ne. Kin rufe ƙofa da ɓarawo ke nan.

Saboda haka kafin ki sake taɓa fim ɗin, ɗauki talla ɗaya tak mai sakan 30 ki warware shi. Saka shi a manhajar tace fim, ko DaVinci Resolve ko Kdenlive ko Shotcut, duk ana samunsu kyauta, ki riƙa tafiya firam bayan firam, wato hoto tsayayye ɗaya bayan ɗaya. Idan tallan yana gudu a firam 25 cikin sakan, kina da firam 750 a gabanki. Sa alama a duk inda aka yanka. Ki samu takarda ki rubuta abu huɗu a kan kowace ɗauka: firam nawa ta ci, me ke cikinta, me ake ji, kuma kayan ya bayyana ko bai bayyana ba. Ba abin mamaki ba ne ki ƙirga yanka 20 ko fiye a cikin rabin mintin nan, ki ga ɗauka da yawa ba su kai sakan biyu ba. Ido bai gama tantance hoto ba an sauya masa wani, kuma da gangan ne.

Idan kin gama za ki ga ƙashin bayan abin. A ce tallan turare ne. Ɗaukar farko mace ce ita kaɗai a ɗaki mai duhu-duhu, launi ya yi sanyi, kiɗa ƙasa-ƙasa. Sai hannu ya kai ga kwalba, a matso da kyamara har a ga ɗigon feshi yana yawo a cikin haske. Daidai nan kiɗa ke buɗewa, launi ya koma ɗumi, ƙofa ta buɗe, mutane su waiwayo. Sakan uku ko huɗu na ƙarshe kwalbar ce ita kaɗai a tsakiyar allo, ga tambari, ga murya tana kiran suna, kuma sau da yawa ita ce ɗauka mafi tsawo da natsuwa a duk tallan. An nuna rashi, an kawo kaya, an nuna sauyi, an buga tambari. Ko na mota ne ko na waya ko na banki, da wuya ki ga ya kauce wa wannan. Aikin fim ɗin gwaji shi ne ya cire ɗaya daga cikin gaɓoɓin nan, ko ya sauya musu wuri, ko ya ja ɗaya har ta tsinke.

Dalilin da ya sa sauya wuri kawai yake aiki tsohon sani ne a harkar fim. Lev Kuleshov, a Rasha, wajen shekarar 1920, ya haɗa hoton fuskar ɗan wasa guda da hotuna daban-daban, masu kallo suka riƙa karanta yunwa ko baƙin ciki a fuskar da ba ta sauya ba. Ma'anar hoto tana wurin maƙwabcinsa. Mai talla ya san wannan, shi ya sa yake ajiye kwalba kusa da murmushi. Ke kuma za ki ajiye ta kusa da abin da ya ɓoye. A fim ɗin La hora de los hornos na 1968, Fernando Solanas da Octavio Getino na ƙasar Ajantina sun riƙa tsarma hotunan tallace-tallace masu ƙyalli a tsakanin hotunan mayanka inda ake kashe shanu, ga kiɗa mai daɗi a sama. Bruce Conner na Amurka, a Report da ya kammala a 1967, ya cusa guntayen talla a cikin rahoton kisan Shugaba Kennedy, don a ga yadda talabijin ke sayar da mutuwa da firji a faranti ɗaya. Guy Debord da abokansa a Faransa sun mayar da wannan dabara aƙida: a ɗauko hoton da aka yi don sayarwa a juya shi ya yi magana a kan mai shi, kaikayi koma kan masheƙiya. Littafin da Debord ya fitar a 1967 a kan al'ummar da kallo ya mamaye, ya mayar da shi fim a 1973, kusan duka da hotunan aro.

Amma a kula, wannan hanya ita ce ta fi saurin lalacewa a hannun sabon shiga. Idan kika yanka daga kwalbar turare zuwa yaro mai yunwa, daga mota zuwa bola, sau goma a jere, mai kallo zai gane wasan tun a karo na biyu, daga nan ya daina kallo ya fara jiran ki gama wa'azi. Haɗin da ke kama mutum shi ne wanda akwai zare na gaskiya tsakanin hotunan biyu: wannan kwalbar da masana'antar gilashin da ta fito, wannan wayar da tarin matattun wayoyi, ko motsin hannu iri ɗaya a wurin mai shafa mai da wurin ma'aikaciyar da ke liƙa takarda a jikin robar man. Ilha das Flores na Jorge Furtado, Birazil, 1989, minti 13 ne kawai, kuma ya yi ƙarfi ne saboda bai saki zarensa ba. Tumatir guda ya bi, daga gona zuwa babban kanti, zuwa gidan matar da ta saya ta jefar, zuwa juji, zuwa wurin aladu, sannan abin da aladu suka rage a bar wa mata da yara matalauta, goma-goma, minti biyar-biyar. Muryar mai bayani ba ta ɗaga ba ko sau ɗaya. Ya samu kyauta a bikin finafinai na Berlin a 1990.

Hanyar da muka fi ba ki shawara, tunda kina da talla 30 a hannu, ita ce ki daina kallonsu a matsayin talla 30, ki kalle su a matsayin rumbun motsi. Buɗe jaka-jaka a manhajarki: hannu yana buɗe murfi, kai yana juyowa, ido yana lumshewa, iyali suna dariya, ƙofa tana buɗewa. Ki yanko kowane motsi ki jefa a jakarsa. Sannan ki jera lumshe ido 15 daga kamfanoni 15 a bayan juna, ba kaya, ba tambari, ba kiɗa. Na farko zai yi kyau. Wajen na huɗu mutane za su yi dariya. Idan kika daure kika wuce nan, a ganinmu wajen na takwas ko na tara dariyar ke mutuwa, sai a fara ganin cewa jin daɗin nan ƙirarre ne, an koya wa fuska shi kamar yadda ake koya wa soja fareti. Kuskuren da aka fi yi shi ne a yanke a lokacin dariya, sai fim ya zama barkwanci, barkwanci kuwa talla ya fi kowa iya shi. Harun Farocki na Jamus ya yi irin wannan a 1993, inda ya jera tsofaffin tallace-tallacen ƙasarsa suka ba da labarin yini guda na mai saye, daga goge baki da safe har kwanciya. Peter Kubelka na Ostiriya kuma, a Dichtung und Wahrheit na 2003, ya yi amfani da ɗaukar da aka zubar daga wuraren shirya talla, ba sauti, ana ganin 'yan wasa suna maimaita motsi ɗaya, fara'a tana kunnuwa tana mutuwa da umarnin darakta.

Sai maganar sauti, wadda ita ce ta kashe fim ɗinki na farko. Kiɗan da kika ɗora shi ya ɗinke yankan, ya mayar da talla 30 talla ɗaya dogo. Cire shi gaba ɗaya ki kalla. Za ki ga hotunan sun yi tsirara, murmushin ya yi tsawo fiye da kima. Amma kada ki bar layin sauti fayau, domin shiru na kwamfuta yana sa mai kallo ya zaci lasifika ta lalace, ya koma duba waya. Ɗauki minti biyu na shirun ɗaki da makirufo, a ma'aunin kilohaz 48 da bidiyo ke amfani da shi, ki shimfiɗa a ƙasa. A kansa za ki iya ɗora sauti na gaskiya: ƙarar injin, numfashi, takun ƙafa, ƙarar na'urar karɓar kuɗi. Wata dabarar ita ce ki raba murya da hotonta, ki ɗora muryar tallan mota a kan allo baƙi, ko a kan layin motoci da suka cushe. A duk mahaɗar sauti ki sa narkewa ta firam biyu, wato sauti ɗaya ya dusashe cikin ɗaya, in ba haka ba za a riƙa jin ƙas-ƙas a kowane yanka. Ki kuma daidaita ƙarfin guntayen, domin sautin talla a matse yake don ya fi na shirin da ke kewaye da shi cika kunne. Ƙorafi a kan haka ne ya sa Amurka ta yi doka a 2010 don hana talla ya fi shiri ƙara. Idan ba ki rage shi ba, guntun talla zai danne duk sautin da kika ɗauka da kanki.

Lokaci shi ne abin da talla ba ya iya jurewa, domin kowane sakan kuɗi ne a wurinsa. Ɗauka ta sakan ɗaya da rabi, idan kika ja ta ta kai sakan 20, ido zai samu damar yawo, ya ga hodar da ke fuska, ya ga cewa ɗakin ba mai kwana a cikinsa. Ga inda ake samun matsala: idan kika rage gudun hoto mai firam 25 zuwa kashi ɗaya cikin huɗu, kowane firam zai maimaitu sau huɗu, motsin ya riƙa tsalle-tsalle. Manhaja za ta iya ƙirƙiro firam na tsakiya don ya yi santsi, amma takan narkar da gefen gashi da yatsu. Ki zaɓa da sani. Tsalle-tsallen yana tona cewa hoto ne, santsin kuwa yana ƙara masa kyau, kuma ƙarin kyau ba shi kike nema ba.

Akwai kuma hanyar da ba ta buƙatar hoton kowa. Richard Serra da Carlota Fay Schoolman, a Television Delivers People na 1973, rubutu kawai suka sa yana hawa a allo shuɗi, kimanin minti 7, da kiɗan nan mai laushi irin na manyan kantuna, rubutun yana bayyana cewa mai kallo shi ne hajar da tashar ke kai wa mai talla. Martha Rosler, a Semiotics of the Kitchen na 1975, ta tsaya gaban kyamara guda kamar mai shirin girki, tana ɗaga kayan kicin ɗaya bayan ɗaya bisa jerin haruffa, tana nuna aikinsu da motsi mai zafi, fuska ba fara'a. Minti 6, baƙi da fari. Mun kawo waɗannan biyun ne don ki ga cewa rashin kuɗi da kayan aiki ba uzuri ba ne a wannan fanni.

Game da tambari, matsayinmu a bayyane yake: cire shi. Duk firam ɗin da sunan kamfani ya fito a allonki kyauta ce kika ba shi, ko da zaginsa kike yi. Ki yanke ɗaukar ƙarshe, ko ki matso da hoton har sunan ya fita daga allo, ko ki bar gurbin ya zama fari na tsawon sakan huɗun da aka saba. Wannan gurbin yana da ƙarfi ƙwarai, saboda jikin mai kallo ya riga ya saba jiran suna a daidai wurin, idan bai zo ba sai ya ji jiran da kansa. Gaskiya ne Logorama, fim ɗin zane na Faransa na 2009, an gina shi da tambura fiye da 2,500 har ya ci kyautar Oscar a 2010, amma can yawan ne ya kashe darajar kowane ɗaya. Da tambari biyar ko goma ba za ki samu haka ba.

Wani abin da ya kamata ki sani, don kada ki ruɗi kanki: fim ɗin gwaji da talla ciki ɗaya suka fito. Oskar Fischinger ya yi tallan sigari a Jamus a 1934 inda karan sigari ke fareti. Len Lye ya zana launi kai tsaye a jikin fim ya yi A Colour Box a 1935 don hukumar gidan waya ta Birtaniya. Kubelka ɗin nan ma, kamfanin giya ne ya ba shi aikin talla, ya kawo musu Schwechater a 1958, minti ɗaya na walƙiyar hotuna da kyar ake gane mai shan da abin shan, suka ƙi karɓa. Yau kuwa irin wannan saurin yanka shi ne abincin masu talla. Ma'ana, karce, girgizar kyamara, lalataccen launi da yanka mai firgitarwa ba suka ba ne a karan kansu, duk an riga an saye su. Abin da har yanzu talla ba ya iya haɗiyewa shi ne dogon jira, da ƙarshen da babu abin saye, da fuskar wanda ya ƙera kayan ko wanda ke kwashe shararsa.

Kada kuma ki ɓata lokaci a kan ɓoye saƙo a firam ɗaya da sunan yana shiga ƙwaƙwalwa a asirce. Labarin ya samo asali ne daga James Vicary, wani mai binciken kasuwa a Amurka, wanda ya yi iƙirari a 1957 cewa ya ƙara ciniki a wani gidan sinima a New Jersey da wannan dabara, daga baya a 1962 ya amsa cewa babu ingantaccen bincike a bayan maganar. In kuma za ki yi walƙiyar haske, kada ta wuce sau uku cikin sakan ɗaya, musamman ja mai ƙarfi, domin tana tayar da farfaɗiya ga masu ita. Idan fim ɗin ya dogara da walƙiya, sa gargaɗi a farko.

Ta fuskar na'ura, guntaye 30 daga wurare daban-daban za su zo da gudu daban-daban, wasu 24, wasu 25, wasu kusan 30. Zaɓi ɗaya ga aikin duka, ki juya kowane guntu zuwa gare shi kafin ki fara yanka. Wanda aka naɗo daga allon waya sau da yawa gudunsa ba tsayayye ba ne, shi ya sa sauti ke zamewa daga hoto bayan minti ɗaya ko biyu. Manhajar HandBrake tana gyara wannan idan kika zaɓi tsayayyen gudu. Tsofaffin tallan talabijin sukan nuna layi-layi kamar haƙoran matsefi a gefen abu mai motsi, sai an bi da su ta matatar da ke haɗe layukan. Siffarsu 4:3 ce, ta tsohon allo mai kusan murabba'i, kada ki miƙe su su cika 16:9 na faffaɗan allon zamani, ki bar baƙi a gefe. Idan kuma da kyamara za ki ɗauki allon talabijin, wanda dabara ce mai kyau don tana nuna ƙwayoyin allon, sa saurin ƙiftawar kyamara a 1/50 ko 1/60 na sakan gwargwadon allon, in ba haka ba baƙin layi zai riƙa gangarowa.

Haƙƙin mallaka ya bambanta daga ƙasa zuwa ƙasa. Dokar Amurka, alal misali, tana da sassauci ga aro don suka da sharhi, amma kariya ce da ake kafa hujja da ita idan an kai ƙara, ba lasisi ba ce, kuma ba ta hana na'urar YouTube mai gano kayan wasu ta toshe bidiyo. Kiɗa ya fi hoto haɗari. Fim ɗin Superstar na Todd Haynes, wanda aka yi da 'yan tsana, an hana nuna shi tun 1990 ne saboda waƙoƙin da aka sa ba izini. Wannan ƙarin dalili ne na cire kiɗan tallan. Don nunawa a aji ba a cika samun damuwa ba, amma idan kina nufin bikin finafinai, za a nemi ki sa hannu cewa kina da haƙƙin duk abin da ke ciki. Rumbun Prelinger da ke shafin intanet na Internet Archive yana da dubban tsofaffin finafinan talla da na masana'antu, da yawansu a sake suke, sai dai ki duba sharaɗin kowanne. Ko kuma ki ƙirƙiri kayan da babu shi, ki ɗauki tallansa da kanki, sannan ki nuna abin da talla ke ɓoyewa a bayan fage: fitilu, mai fesa ruwa a jikin kwalba, ɗauka ta goma sha biyu da 'yar wasa ta gaji. Ki kiyaye mutuncin 'yan wasan da ke cikin guntayen aro, aiki aka ɗauke su, ba su ne abin sukar ba.

Ga minti biyar ɗinki, dabara ɗaya ta isa, biyu in ta kama. Daga talla 30 ɗin nan mai yiwuwa abin da zai shiga bai wuce sakan 90 ba, sauran lokacin ja ne da maimaici da shiru. Idan kin yi yankan farko, nuna wa mutum biyar ko shida da ba su san manufarki ba, kada ki yi musu bayani kafin ko bayan. Bari a yi kwana ɗaya, sannan ki tambayi kowanne shi kaɗai abin da ya fi tunawa. Idan ya kira sunan kaya ko ya ce hotunan sun yi kyau, koma ki nemo ɗaukar da ta jawo haka, ki duba ko tambari ya leƙo, ko kiɗa ya rage, ko kin yanke ta a tsawon da mai tallan ya yanke ta tun asali, ki sauya wannan tsawon ki sake gwadawa da wasu mutanen daban.